Waƙar da Aka Ji Daga Cikin Ramin Kuza

Ɗana, ka ce ka gaji da aikin da ba mai gani, ba mai yabawa. Gyara zama in ba ka misalin wani mutum da na sani a Jos.

Mai walda ne, amma baiwar da Allah ya zuba masa a baki ita ce gambarar zamani, irin waƙar nan da ake jero magana da sauri a kan kiɗa. Ba shi da kamfani, ba shi da ubangida. Ɗakinsa na haya ya manna wa kwalayen ƙwai a bango don kada hayaniyar unguwa ta shiga, nan yake ɗaukar murya, sannan ya kai wa masu tura waƙoƙi a bakin tasha su zuba wa mutane a waya. Ba ya waƙar soyayya, ba ya wasa masu mulki. 'Yan dako yake yi wa waƙa, da masu faskare, da direbobin tifa, da matan da ke fasa dutse a tsakiyar rana. Wani mai kamfanin waƙa ya taɓa kiransa ya ce muryarsa ta yi, amma sai ya bar zancen leburori ya koma yabon manya. Ya yi godiya, ya ɗauki hularsa ya fita. Daga nan ƙofofi suka rufe. Gidajen rediyo ba sa sa waƙarsa, masu shirya wasa ba sa gayyatarsa, wani mai neman kujera da ya tsargu da wani baiti ya turo 'yan daba suka farfasa masa kayan aiki. Sa'o'insa da suka amsa kiran kamfani suka hau motoci, shi kuwa furfura ta riske shi tsugune gaban ƙyauren ƙarfe da baƙin tabarau. Daga ƙarshe ya ce wa ransa ya isa, mutum ba ya ta kira a daji ba mai amsawa. Ya daina waƙa.

A daminar wannan shekarar, can wani ƙauye bayan duwatsu, ramin haƙar kuza ya rufta da mutane a ciki. Jama'a suka yi ta tono da diga da shebur da hannu, har tafukansu suka fashe, ba a ga kowa ba. Dattawa suka fara cewa a haƙura, a yi musu addu'a, ramin ya zama kabarinsu. Sai matar ɗaya daga cikin waɗanda ramin ya rufta da su ta je ta kara kunne a bututun ƙarfen da ake zuƙo ruwa da shi daga ramin, ta ce tana jin bugu. Aka ce ɗigar ruwa ce. Amma da abokan aikinsu suka saurara, sai suka dubi juna, domin ruwa ba ya ɗiga da tsari irin wannan. Kiɗan wata waƙar mai waldan nan ne, wadda suke sawa a waya kullum in za su shiga rami. Ɗaya ya ɗauki guduma ya buga amshin a jikin bututun. Daga ƙasa aka ci gaba daga inda ya tsaya. Nan fa waɗanda suka ajiye shebur suka sake ɗauka, aka bi bututun da tono, aka zaro mutanen ɗaya bayan ɗaya da ransu.

Bayan kaka, wani daga cikin waɗanda aka ceto ya zo Jos yana dogara sanda, yana tambaya daga tasha zuwa tasha, har aka nuna masa rumfar walda. Ya durƙusa ya gaishe shi, ya ce, "Malam, duhun da ke wurin ko tafin hannunka ba ka gani. Barci muka fi tsoro, don wanda ya yi barci a can ba ya tashi. Sai muka riƙa jefa wa juna waƙarka, kowa da baitinsa. In aka zo kan mutum aka ji shiru, mu lalubo shi mu girgiza shi. Da muryoyinmu suka dishe, muka koma buga ta da dutse." Mai waldan ya ajiye kayan aikinsa. Ya bi baƙon zuwa ƙauyen. Da aka ji ko wane ne, mahaƙa suka fito daga ramuka, jikinsu duk jar laka, mata suka bar wankin kuza a bakin rafi, suka kewaye shi suka rera masa waƙar daga farko har ƙarshe, ba su yar da kalma ko ɗaya ba. Yana tsaye a tsakiyarsu, hannunsa a kan baki, yana jin maganarsa na fitowa daga ƙirjin mutanen da bai taɓa gani ba.

Har yau waldarsa yake yi, ya kuma koma waƙarsa, rediyo kuma ba ta san da shi ba. Amma muryar da aka toshe wa kowace ƙofa a bisa ƙasa, Allah ya kai ta inda ko hasken rana bai kai ba. Shi ya sa Hausawa suka ce zakaran da Allah ya nufa da cara, ana muzuru ana shaho sai ya yi.