Abin da Ya Hau Fuskata

Da hasken ya faɗa bango, sai na ga kaina ina rarrafe da baya, bakina na faɗin maganar da ban taɓa faɗi ba. Yaran Dogon Dutsi sunka yi ta ihu. Ni dai goro nike tauna.

Jikana ne ya yi silimar, irin ta ban tsoro. Bara ya ɗauke ni hoto a Matankari, yac ce in duba dama, in duba hagu, in yi dariya. Aikina ke nan. Sauran duka inji ne ya yi da fuskata.

"Kaka, kin gani? Ko tabarma ba ki bari ba, ga ki kina hawan bango."

"Na gani, maigida. Ba kai ne kac ce in bar bori ba, wai bai kamata wani abu shi hau mutum ba?"

"Wannan ba iska ba ce, odinatar ce, kwamfuta."

"To."

Anka gama, anka buɗe tagogi, mutane sunka watse. Gwiwoyina na ciwo, amma ban tashi ba.

"Mi kike jira, tsohuwa? Gobe Dosso za mu kai ta, jibi Yamai."

Shekara da shekaru iskoki na hawana. In za su sauka sai in yi atishawa, a ba ni ruwa, a kira sunana, in amsa.

"Sake kunna min ƙarshen," na ce mishi. "Ban ji ta yi atishawa ba."