Tabarau Mai Ido Ɗaya

Tun da kogin garin ya ƙafe, hukuma ta raba wa tsofaffi tabarau mai nuna musu ruwan kamar dā. Na Inna Delu ya faɗi, gilashin dama ya fashe. Yanzu idonta na hagu yana ganin ruwa maƙil, na dama kuwa yashi da kashin awaki.

Da hantsi ta ɗauki kunu za ta kai wa ƙanwarta mai jinya a tsallake. A bakin gaɓa ta tarar da Mamuda, tsohon mai fito, nasa tabarau lafiya lau.

"Yaya Delu, ruwa ya kawo yau. Kada ki shiga."

"Na gani, Mamuda. Na kuma ga babu."

"To wanne za ki bi?"

Ta rufe wannan ido, ta rufe wancan, kowanne da gaskiyarsa. Kunu dai yana hucewa. Ta tattare zane zuwa gwiwa, ta yi bismilla, ta taka a hankali kamar mai tsoron santsi.

Da ta haura, ta sunkuya za ta saki zane. Ƙafar dama a bushe take ƙayau. Ta hagu kuwa sharkaf, har da gansakuka a tsakanin yatsu.