Kafin Kyandir Ya Zagayo

Da yammacin Lahadi Delaney na zaune kan lilo a barandar gidan ƙungiyarsu ta ɗalibai mata, zoben baikonta ɓoye a aljihu. A falo 'yan ƙungiyar sun yi da'ira. Al'adar gidan ce a kunna kyandir ya bi hannu-hannu, wadda ta hure shi ita aka yi wa baiko.

Saurayinta Tucker ya hawo matakala, hula a hannu, ya ƙi haɗa ido da ita.

"Kada ki hure shi yau," ya ce a hankali. "Mama ta ce a jinkirta baikon sai na gama karatun lauya."

"Kai kuma me ka ce?"

Ya hau murza bakin hular.

Wata ta leƙo ta taga. "Ke sarauniyar lilo, ke ake jira! Kai kuma, maza iyakarsu baranda."

Delaney ta miƙe, ta ɗora masa zoben a tafin hannu.

"In ka sa min shi kafin in shiga, zan hure. In ba haka ba, tafi da abinka, Mama ta ajiye maka."

Wayarsa ta hau ruri a aljihu. Dukansu sun san mai kiran. Ya daɗe yana kallon zoben, wayar na ta yi, sannan ya kamo hannunta.

"Miƙo yatsan," ya ce. "Kuma ki hure shi da ƙarfi, yadda Mama za ta jiyo daga gida."