Ranar da kori ya cinye tumatirin Baba

Babana mutumin Maradi ne, kuma a ganinsa ko kifi bai kai shi sanin ruwa ba. Da ya bar aikin ma'adinai a Arlit, sai ya kama garka, wato lambu, a bakin kori, rafin nan da wata goma sha ɗaya yashi ne zalla, ko ƙadangare sai ya yi guzuri kafin ya ƙetare.

Ina shekara tara muka shanya tumatirinmu kaf a kan yashin, abin da za mu ci shekara da shi. Da la'asar tsoho Alhusseini, maƙwabcinmu Ba'abzine, haifaffen duwatsun yankin, ya shaƙi iska ya ce, "Malam, kwashe kayanka, kori na hanya."

Baba ya ɗaga kai, sama fes. "Haba tsoho! A gulbinmu sai hadari ya haɗu. Wannan ruwan naka a mota zai zo?"

"Kai sama kake dubawa. Mu duwatsu muke dubawa, can aka yi ruwan."

Ni ma na ji warin, kamar jiƙaƙƙen kashin awaki. Kwando ɗaya na cika, sai ga ruwa jajir yana turo itatuwa. Baba ya tsira da takalmi ƙafa ɗaya.

Tsoho ya ce, "Ga shi, ko mota bai jira ba."

Har yau warin nan na sa ni kewar Baba. Har ya rasu, kullum duwatsu yake fara dubawa, yana rantsuwa haka ake yi a Maradi.