Mai Albasa da Ƙararrakinsa Huɗu

Zauna mana, Sallau, wannan kai-da-komon naka ya fara sa ni jiri. Ka ce alƙali yana so ya haɗa ƙararrakin da ke tsakaninka da maƙwabcinka ya saurare su tare, kai kuma ranka bai kwanta ba, wai gara kowace ta ci gashin kanta. To, ajiye hular nan da kake ta murzawa ka ji wani misali.

An yi wani mai noman albasa a fadama, suka sami saɓani da maƙwabcinsa a kan rijiyar da ke bakin iyakar gonakinsu, kowa ya ce a gefensa take. Albasa kuwa ka san ba ta haƙurin ƙishirwa, in ya rasa rijiyar nan ya rasa noman rani ke nan. Shi ke da gaskiya, yana kuma da shaida guda, wani dattijo da aka raba fadamar a gabansa tun iyayensu na raye. Da ya kai ƙara ɗaya ya natsu, da tuni an wuce wurin. Amma mutum ne mai garaje, ko koko ba ya bari ya huce. Ya shigar da ƙarar rijiya, ba a ma sa rana ba ya koma ya shigar da ta iyaka. Ya ga reshen mangwaron maƙwabci ya yi wa albasarsa inuwa, ƙara. Jaki ya taka masa yabanya, ƙara. Alƙali ya duba ya ce duk tushensu ɗaya ne, wato inda iyaka ta bi, saboda haka a haɗa su dattijo ya yi magana sau ɗaya a huta. Gogan naka ya ce an haɗa baki da alƙali. Ya janye biyu ya kai kotun garin gaba, wai in wannan ta kuskure waccan za ta samu.

Daga nan zama ya ƙare masa. Yau yana nan, gobe yana can, jibi an ɗage, ga tsoho a bayan babur ana ta jijjiga shi a kan hanya mai gargada. Ganyen albasa ya fara ja don ba mai ba ta ruwa a kan kari, shi kuwa ko a gona yake hankalinsa na ƙofar kotu. Ni tsohon nan nake tausaya wa, wallahi. Tambaya ɗaya ake yi masa, bakuna daban, ranaku daban, ga yunwa ga ciwon gwiwa. A nan ya ce iyaka ta tashi daga suri, a can ya ce daga gindin gawo, wata rana da rana ta buge shi ya ce tsakaninsu. Ba ƙarya ya shirya ba, tsufa ne da gajiya. Maƙwabci dai yana gefe yana sauraro. Da abin ya ishi kowa, kotun sama ta ce tunda mutanen su ne su, maganar kuma ita ce ita, a tattaro duka gaban alƙali guda. Aka karanto abin da dattijo ya faɗa a kowane zama, sai ga maganganu sun ƙi haɗuwa. Alƙali ya tambaye shi wanne ne daidai. Tsoho ya ce, “Allah ya gafarta Malam, an tambaye ni har na daina sani.” Aka ba maƙwabci rijiya, mai albasa ya fito da gaskiyarsa a ciki, ba ta shayar masa da ko saiwa ɗaya ba.

Kai ma shaidar taka guda ce, Sallau, kuma na ga yadda take dogara sanda. Koma ka ce wa alƙali ka yarda. Hausawa sun ce in dambu ya yi yawa ba ya jin mai.