Makoki Ba Gawa

Nohemí, malamar makarantar da aka turo daga duwatsun Pasto, tana tsaye a bakin tekun Tumaco tana kallon mata suna waƙar makoki ba gawa. Ruwa ne ya ci ƙanin Eleuterio, masuncin da take so, ko hularsa ba a gani ba.

Eleuterio ya baro taron ya zo gefenta, idanunsa jawur.

"Malama, Mama ta ce in tambaye ki yau, tunda dangi sun taru. Za ki aure ni?"

Ta dubi kwalekwalensa, an riga an ɗora masa raga.

"Gobe ma za ka shiga?"

"To me za mu ci, yashi?"

"A garinmu, Tello, in mutum ya mutu akwai kabarin da ake zuwa a yi kuka. Ba zan iya tsayuwar matan nan ba. Biyo ni can, Baba yana da gona."

Ya daɗe yana kallon ruwan.

"In na tafi, wa zan bar wa yaron nan? Ƙanina shi kaɗai ne a cikin ruwan."

Ta sunkuyar da kai, hawaye na zuba. Daga nesa mahaifiyarsa ta ɗago tana jiran amsa. Ya girgiza mata kai, tsohuwar ta ci gaba da waƙa.