Kunkunniyar Madafin Lantana

Shekara biyar ke nan da aka hana kunna wuta. Gamba, ciyawar rufin ɗaki, ba ta tsirowa sai irinta ya sha hayaƙi. Ɗakina yana yoyo.

Na kai irina ofishin rabon hayaƙi. Ma'aikacin ya juya shi a tafin hannu.

"Baba, wannan ba shi da rajista. Irin kamfani kaɗai muke ba hayaƙi."

"Yaro, kafin a haifi ubanka nake ƙona daji. Ciyawar Allah ce za ta yi rajista?"

"Doka ce, Baba."

Na dawo gida, na kankare kunkunniyar da girkin matata marigayiya Lantana ya bari a rufin madafi, na dama ta da ruwa, na jiƙa irin a ciki. Wutarta ce. Su je kabari su kama ta.